Wa Ya Fara Zaunar da Kai Kallon Resilin?

Ranar wata Juma'a da yamma muna majalisa, sai ga wani abokina ya zo yana huci. Wai ya kama ɗansa mai shekara tara ya laɓe a bayan ƙofa da wayar uwarsa yana kallon resilin, wato kokawar Turawan nan ta talabijin. Ya ƙwace wayar, ya kafa doka: daga yau babu resilin a gidansa. Dalilansa biyu ne. Na farko abin ƙarya ce tsagwaronta, na biyu yana koya wa yara mugunta. Da ya ɗan huce sai na ce masa, "Malam, kai fa, wa ya fara nuna maka?" Ya yi shiru. Can ya ce yayansa ne, shi yake goya shi a keke zuwa gidan kallo, ya biya masa kuɗin shiga daga ɗan abin da ake ba shi na makaranta.

Nan fa hira ta ɓarke. Wannan ya ce babansa, wancan ya ce kawunsa soja da yake zuwa hutu, wani kuma ya ce kishiyar mahaifiyarsa, wadda idan ana wasan har zaninta take gyarawa ta miƙe tsaye. Mu bakwai ne a wurin, kuma babu ko ɗaya da ya ce shi kaɗai ya tsinci abin. Kowa akwai wanda ya jawo shi ya zaunar a gefensa.

Tun daga ranar nake juya maganar a raina. Ina ganin abokina yana da gaskiya da ya damu, amma ya kama reshe ya bar tushe. Abin da ya kamata ya tayar masa da hankali shi ne bayan ƙofar nan da yaron ya laɓe shi kaɗai.

Ni Baffa ne ya koya mini, ƙanin mahaifina. Direban babbar mota ne, yana jigila tsakanin Kano da Legas, kuma duk sa'ad da ya dawo, bayan burodi da ayaba, akwai wata baƙar leda da yake rungumowa a hammata. Kaset-kaset ɗin bidiyo ne, biyu ko uku, sun sha hannu har rubutun jikinsu ya goge. Wajen 1993 ke nan, ina aji huɗu a firamare. Ana idar da sallar Isha'i sai a fito da talabijin tsakar gida a ɗora a kan tebur, a jawo waya daga ɗaki, a baje tabarmi. Yaran maƙwabta su cika bakin zaure. Hoton yana rawa, wani lokaci ya yi ruwa-ruwa, sai Baffa ya buɗe bidiyon ya goge kansa da auduga, ya hura, ya mayar. Idan kaset ya cije, ya zaro shi a hankali kamar mai cire ƙaya, ya naɗe zaren da yatsa. Idan kuma aka ɗauke wuta ana tsakiyar wasa, ihun da ake yi har layin baya ana ji.

Ba ma jin Turancin masu sharhi. Baffa ne mai fassara. Shi zai gaya mana wane ne ya ci amanar wane, wa ya zagi uban wa, me ya sa wancan ya shigo da kujera. Yau na san rabin labarin daga kansa yake haɗawa, kuma har gobe ina ganin nasa ya fi na masu shi daɗi.

Amma babbar 'yar kallon gidanmu Hajiya ce, kakarmu. Tana zaune a kujerarta 'yar tsugunno, da magogin goronta a cinya don haƙora sun yi sallama. Ita ta raɗa wa kowa suna. Undertaker, wanda mu yara muke kira Andateka, a wurinta Mai Makara ne. Hulk Hogan Mai Yaga Riga. Yokozuna Rumbu. Bret Hart kuwa Mai Tabarau, kuma shi ne nata, don kafin ya hau fili sai ya cire tabaransa ya sanya wa wani yaro a cikin 'yan kallo. Takan ce, "Wannan ɗan mutunci ne, daga gani an yi masa tarbiyya." Idan mugu ya zagayo ta baya alƙalin wasa bai gani ba, sai ta ɗaga hannu tana nuna talabijin: "Kai, waiwaya! Ga shi nan bayanka!"

Rigimar gaskiya da ƙarya a gidanmu ta faro ne da Yaya ya dawo hutu daga makarantar kwana. Ya tsaya a kanmu, hannu a aljihu, ya ce duk shiri ne, tun kafin su fito an san wanda zai yi nasara. Na ji kamar ya mare ni. Na kalli Baffa ina jiran ya ƙaryata shi, Baffa ya yi murmushi kawai. Hajiya ce ta amsa, ko waiwayowa ba ta yi ba. Ta ce, "Kai ɗan boko, Gizo da Ƙoƙi da nake ba ku labarinsu, ka taɓa ganinsu a kasuwa? To ka taɓa cewa in daina? Matsa ka ba ni wuri, ka tare mini Mai Tabarau."

Na girma, na karanta abubuwa da yawa a kan wasan nan, ban sami amsar da ta fi ta Hajiya ba. Masu abin ma ba su ɓoye ba. Tun 1989 kamfanin WWF, wanda ya koma WWE a 2002, ya shaida wa 'yan majalisar jihar New Jersey cewa abin da yake yi nishaɗi ne, ba gasa ba, don ya kuɓuta daga dokoki da kuɗaɗen hukumar da ke kula da dambe. Saboda haka wanda ya ce resilin ƙarya ne, kamar wanda ya fito daga kallon wasan kwaikwayo ne yana cewa ai wanda aka kashe bai mutu ba. Tatsuniya ce da ake bayarwa da jiki. Akwai nagari, akwai mugu, akwai cin amana, akwai ramuwar gayya, akwai ranar da azzalumi zai gamu da gamonsa. Mu da muka tashi da "ga ta nan, ga ta nanku" ba baƙin wannan ba ne.

Sai dai fa ƙasa ba ta san shiri ba. A nan tsoron abokina yake da tushe. A watan Yunin 1998 Andateka ya jefo abokin karawarsa Mick Foley daga saman kejin ƙarfen da aka rufe filin wasa da shi, wajen ƙafa 16, ya faɗa kan teburin masu sharhi. An shirya jifar, amma faɗuwar ta gaske ce, kuma a wannan daren Foley ya gurɗe a kafaɗa, ya rasa haƙori. Shekara ɗaya bayan nan, a watan Mayun 1999, Owen Hart, ƙanin Mai Tabarau ɗin Hajiya, ya faɗo daga can rufin zauren wasa a Kansas City lokacin da ake sauko da shi da igiya, ya mutu yana da shekara 34. Eddie Guerrero zuciyarsa ta buga a 2005 yana da shekara 38. Waɗannan mutane ne da suka yi shekaru suna koyon yadda ake faɗuwa. To ina ga yaron da bai san komai ba sai abin da idonsa ya gani?

Na san amsar, don a gidanmu ta faru. Wata rana Baffa yana kan hanya, manya suna gidan suna, muka jawo katifa tsakar gida. Ni ne Andateka. Na ɗauki ƙanina, mai shekara shida, na juya shi kai ƙasa ƙafa sama kamar yadda na gani, na durƙusa da shi. Ya suɓuce. Allah ya taimake mu ya kare da hannu, hannun ya karye a ƙasan gwiwa. Har yau ina jin ƙarar da ya yi sa'ad da maɗori yake ja, an danne shi mutum biyu, Inna tana bakin ƙofa ta toshe kunne. Da wuyansa ne ya fara sauka, da wani labarin ake yi.

Na sha duka, kuma na cancanta. Mahaifina ya ce an gama kallon nan a gidansa. Da Baffa ya dawo ya ji abin da ya faru, bai yi musu ba. Ya bari aka kwana biyu, sannan ya same shi ya ce, "Yaya, ka ba ni dare ɗaya da yaran nan. In ka ga bai yi ba, ni da kaina zan ƙona kaset ɗin." A daren ya tara mu, har da mai hannu a ɗaure. Ya sa wasan Andateka, da aka zo wurin ɗaukar nan sai ya tsayar da hoton. Ya ce, "Ku matso. Ina kan mutumin yake?" Muka duba. Kan yana sama da gwiwoyin Andateka, a maƙale tsakanin cinyoyinsa. "To me ya fara taɓa ƙasa?" Gwiwoyin Andateka ne. Ya mayar baya, ya sake sawa, ya sake tsayarwa, har sau biyar. Ya nuna mana yadda wanda aka ɗauka yake rungume ƙugun mai ɗaukarsa da hannu biyu, yadda wanda za a jefa yake taimakawa da tsalle, yadda mai naushi yake buga ƙafa a ƙasa don a ji ƙara. Sannan ya dube ni ya ce, "Ka gani? Shi wancan aikinsa ya tsare ɗan'uwansa kada ya ji ciwo. Kai kuma ka kasa tsare naka."

Wannan maganar ta fi dukan shiga jikina. Ban sake ɗaga kowa ba. Kuma abin mamaki, son wasan bai ragu ba, ƙaruwa ya yi, don yanzu na san abin da nake kallo: mutum biyu da kowannensu ya damƙa wuyansa a hannun ɗayan. Kamfanin yakan sa gargaɗi cewa kada a gwada a gida, amma da Turanci ne, kuma ko da Hausa ne, gargaɗin talabijin bai san sunan yaro ba balle ya dubi idonsa.

Akwai wani aikin da babba yake yi a wurin kallo wanda ba a cika faɗa ba. Wasan nan Amurkawa ne suka rubuta shi don Amurkawa, da idonsu suke zaɓen wanda zai zama mugu. Akwai wani ƙato da ake kira Kamala, wai daga Yuganda. Ba takalmi, fuska duk fenti, an zana masa taurari a ƙirji da wata a ciki, ba ya magana sai gurnani da dukan tumbi, ga wani mai rufaffiyar fuska yana jan sa kamar dabba. Mu yara dariya muke yi. Wata rana mahaifina, wanda ba kasafai yake zama ba, ya tsaya a bayanmu ya kalla na ɗan lokaci, ya ce, "Wato haka suke ganinmu ke nan." Ya wuce ɗaki. Dariyar ta mutu a bakina. Sai da na girma na san sunan mutumin James Harris, haifaffen jihar Mississippi ne, ba shi da wata alaƙa da Yuganda.

Haka kuma lokacin yaƙin Tekun Fasha suka mai da Sajan Slaughter mai goyon bayan Iraƙi, don jama'a su tsane shi, Hogan ya zo ya kayar da shi a 1991 yana kaɗa tutar Amurka. Sa'ad da kaset ɗin ya iso gidanmu yaƙin ya daɗe da ƙarewa, amma a unguwarmu akwai jarirai da yawa masu suna Saddam, kuma a daren tsakar gidan ta rabu biyu. Baffa ya ce, "Ku lura, mai kaset shi yake zaɓen gwani." A 2004 ma suka fito da wani wai Muhammad Hassan, Balarabe mai ƙorafi da kowa ya tsana, alhali wanda yake wasan Ba'amurke ne mai tsatson Italiya, kuma suka janye shi a 2005 bayan harin bama-baman Landan. Yaron da ya kalli irin wannan shi kaɗai, hadiyewa zai yi. Wanda yake gefen babansa kuwa, jimla ɗaya ta ishe shi har ya tsufa.

Ba zan ɓoye ba, akwai abin da bai dace da tarbiyyarmu ba ko kaɗan. Daga ƙarshen shekarun 1990 wasan ya cika da tsiraici da batsa da ashar, kuma ko da yake kamfanin ya rage daga 2008 don ya jawo iyalai, shigar matan har yau ba abin da zan so 'yata ta ɗauka a matsayin ado ba ne. A gidanmu maganin wannan yatsan Baffa ne. Da ya hango abin da bai kamata ba sai ya danna a wuce, ba tare da ya ce uffan ba, mu kuma mu gane. Uban da ya ce shi sam bai yarda ba saboda addininsa, ina girmama shi, gidansa ne. Abin da nake roƙonsa kawai shi ne ya tabbata dokar tasa tana aiki, domin wayar uwa, wayar yaya da wayar abokin makaranta duk ƙofofi ne.

Kuma abin da ke shigowa ta waɗannan ƙofofi ya fi na zamaninmu muni. Mu wasa guda muke kallo daga farko har ƙarshe, da labarinsa da dalilinsa. Yaron yau guntaye yake gani a TikTok da YouTube, daƙiƙa talatin-talatin: an jefo wannan daga tsani, an fasa tebur da wancan, an maka wa wani kujera. An tsame tatsuniyar an zubar, an bar masa duka zalla. Ba Hajiya da za ta ce wannan ɗan mutunci ne, ba Baffa da zai tsayar da hoto. In ya tashi gwadawa, ƙaninsa ne mafi kusa.

Wani abin da yake burge ni shi ne, su kansu 'yan wasan yawancin manyansu 'yan gado ne, ba haye suka yi ba. Bret da Owen a ɗakin ƙasa na gidan mahaifinsu Stu Hart, a Calgary ta Kanada, suka koya. The Rock jika ne kuma ɗa a sana'ar. Roman Reigns da Yokozuna da tagwayen Uso duk zuri'ar Anoa'i ce ta Samowa. Rey Mysterio ya karɓa daga kawunsa ya miƙa wa ɗansa. Da Cody Rhodes ya kayar da Roman Reigns a Philadelphia a 2024, abin da ya sa manyan mutane hawaye shi ne kambun da ya ɗauka shi ne wanda mahaifinsa Dusty ya nema bai samu ba har ya rasu a 2015. Wannan labari ko a gidan maƙera ko na mahauta aka ba da shi za a gane. Abin da iyaye suka miƙa wa 'ya'yansu a fili, a hannun iyaye ya fi dacewa a karɓe shi a gaban talabijin.

Mu ma muna da rabonmu a ciki. Iyayenmu suna ba da labarin Power Mike, ɗan Nijeriya da ya yi tashe a shekarun 1970. Kofi Kingston, haifaffen Kumasi, ya ɗauki babban kambun WWE a 2019, ga Omos da Oba Femi 'yan Legas suna ciki yanzu. Amma akwai abin da yake ci mini tuwo a ƙwarya. Yaron da ya haddace kirarin John Cena bai taɓa zuwa dandali ya ga kokawar gargajiya ba, inda babu shiri, kaye kaye ne, makaɗi yana zuga, ƙura tana tashi. A Nijar tun 1975 ake gasar kokawa ta neman Takobi, kuma idan ana yi ƙasar takan tsaya cak, sunan Issaka Issaka na Dosso kuwa har yaran goye sun san shi. A can akwai masu kama hannun yara su kai su. A nan birane da yawa mun daina, sannan mu dawo muna mamakin yadda yaranmu suka san na wasu suka manta namu. Wanda zai zauna da ɗansa ya kalli resilin, shi ne dai zai iya ce masa, tashi mu je ka ga ta gaske.

Hajiya ta rasu kafin labarin Owen ya iso mu, kuma na gode wa Allah da ba ta ji ba. Baffa ya ajiye tuƙi, ido ya yi rauni. A 2014, da Brock Lesnar ya kayar da Andateka a WrestleMania, babban taron wasan na shekara-shekara, bayan nasara 21 a jere da Andateka ya yi a wurin, ina ganin sakamakon ban kira kowa ba sai shi. Na ce, "Baffa, an kayar da Mai Makara." Ya yi shiru har na zaci layin ya yanke. Sannan ya ce, "Allah ya jiƙan Hajiya."

Da ƙaramar sallar da ta wuce na kai yarana gaishe shi. Babban, mai shekara goma, ya matsa kusa da shi da wayata, yana son ya nuna masa wani tsohon wasan Andateka da muka kalla tare a gida. Baffa ya sa tabarau, ya kawo wayar dab da hancinsa. Da aka zo wurin ɗaukar nan sai ya ɗaga yatsa.

"Tsayar nan, maigida. Mayar baya kaɗan. Yauwa. Kira ƙaninka ya zo. To ku gaya mini, ina kan mutumin yake?"